Sungumin da Muka Ce Ba Namu Ba Ne

Ba zan faɗi sunan garinmu ba. Ƙauye ne a gindin dutse cikin ƙasar Buza, masu cin kasuwar Tabotaki sun san hanyarsa, wannan ya isa. Gidanmu shi ake kira gidan noma, ba don mun fi kowa rumbuna ba, don akwai shekarun da mu ma muka auni hatsi a kasuwa kamar kowa. Abin da ya ba mu sunan wani sungumi ne da muka gada kaka da kakanni, wanda da shi ake saran farko na shuka. In ruwan shuka ya sauka, ko ƙasa ta sha ta ƙoshi, babu mai jefa ƙwayar gero a rami sai babban gidanmu ya fita ya sari ƙasa da wannan sungumi. Lokacin da kakanninmu suke Azna da yanka ake yi. Ni na taso na tarar an bar yankan, liman ke zuwa ya shafa fatiha, amma saran yana nan yadda yake.

Ba irin sungumin da maƙera ke bajewa a kasuwa ba ne. Ƙarfensa ya fi faɗi, an zana masa zangarniyar gero a fuska, a wuyansa kuma an jera zobban jan ƙarfe masu ƙara in an ɗaga shi. Namiji ke sara da shi, amma mata ke kula da shi. A zamanina wannan aikin na Gwaggo ne, yayar mahaifina, wadda ta dawo gida bayan rasuwar mijinta. Kafin damina da bayan kaka takan sauko da shi daga inda ake rataye shi, ta shimfiɗa tsumma a cinya, ta bi shi da man shanu lungu-lungu tana yi masa magana ƙasa-ƙasa. Muna yara mukan tsaya muna yi mata dariya, mu ce Gwaggo ta yi sabon miji. Takan ce ai wannan ya fi na farkon, ba ya faɗa, ba ya neman tuwo.

Ranar sara kuwa gari kan fito kaf. Maroƙi ya tsaya a bakin gona ya ɗaga murya: “Gagara Nasara! Wuta ta ci gari ta bar ka!” Babu yaron da bai san abin da kirarin ke nufi ba. Shekarar da sojan Nasara suka ratso ƙasar nan suna ƙone garuruwa, mutanenmu sun gudu kan dutse. Sojan suka kwashe hatsi da dabbobi, suka kwashe tambura da takubba da duk abin da ya ba su sha'awa, saura suka cinna masa wuta. Da jama'a suka sauko babu kome sai toka. Sai kakan mahaifina ya shiga kangon ɗakinsa ya yi ta tono, har ya fito da sungumin a hannu, ko zobe ɗaya bai ɓace ba. Haka aka ba mu labarin, haka ni ma na yi ta ba yara a Azarori da Ibohamane, inda na yi aikin mushe a lakwal, wato malamin makarantar boko. Ina ba su ina hura hanci, don ba kowane gida ke da abin da ya gagari Nasara ba.

Ina dab da ajiye alli, ina zaune a Madawa, wani tsohon ɗalibina da ya zama likita a Faransi ya turo mini hoto a salula. Ya ce ranar hutu ya shiga wani gidan ajiye kayan tarihi, ya ga abin da ya tuna masa da ajina. Na buɗe hoton, na rufe, na sake buɗewa. Sungumin gidanmu ne a tsaye cikin akwatin gilashi, babu ƙota, an haska shi da fitila. Ga zangarniyar, ga zobban. A ƙasa an rubuta sunan garinmu a karkace, yadda kunnen Nasara ya ji shi, sannan aka rubuta cewa kyauta ce daga iyalan wani hafsan soja. Kyauta! Wato ɓarawo ya mutu, magadansa suka yi alheri da kayan sata, har aka rubuta musu godiya a jikin gilashi. Ranar ban iya cin abinci ba.

Da farko na lallashi kaina cewa ƙila biyu aka ƙera tun asali, suka samu ɗaya muka tsira da ɗaya. Da wannan tunanin na hau mota zuwa gida. Na tarar Baba ya tafi kasuwa, sai na nufi ɗakin Gwaggo, na same ta a ƙofa tana ɓarar gujiya. Na miƙa mata salular. Ta nisanta ta da fuska, ta ce in ƙara girman hoton, ta daɗe tana duban bakin ƙarfen.

“Shi na,” ta ce. “Dubi bakinai, ya cinye gehe guda. Na hwarkon gidan ga bahagwai na, da hagu sunka yi ta sara.”

“To Gwaggo, wanda ac cikin ɗaki hwa?”

“Wancan ƙanenai na. Bayan an sabko daga dutsi anka ƙera shi, a ɓoye. Zobbanai kau mundayen kakarmu na, ita tac cire tab ba maƙeri.”

Ta faɗe shi kamar mai gaya maka yau Talata, hannunta bai ma bar gujiyar ba. Ashe matan gidanmu sun sani tun ranar farko. Wadda ke shafa mai ita ke gaya wa wadda za ta gaje ta, kuma ba a taɓa kai maganar zaure ba. Na tuna yaran da na yi ta cika wa baki a gaban allo. Gwaggo ta sake karɓar salular ta kawo ta kusa da ido.

“Ya bushe,” ta ce. “Mutanen ga ba su da man shanu? Ɗana, in kana iyawa ka maido shi. Ba ni son komi, in dai shahwa mishi mai ko sau guda kahin in tahi. Amma ka bi sannu, maganag ga ba ta dandali ba ta.”

Na yi mata alkawari, na ce ko me zai ci mini sai na kawo mata shi.

Baba shi ne babban gida a lokacin, shi ke saran farko. Mutum ne mai ƙarancin magana, ya je Makka ya dawo bai ƙara kome a kan halinsa ba sai rawani. Da ya dawo daga kasuwa na bari ya huta, ya sha hura, sannan na durƙusa a gefen tabarmarsa na ce akwai hoton da nake so ya gani.

“Hoton mi?” ya ce.

“Na sungumi, Baba.”

“Sungumi shina ɗaki. In marmarin ganinai kaka yi, shiga ka gani.”

Ya juya ya ɗauki carbinsa. Na sake gwadawa a wasu zuwan, kullum da irin amsar da zai rufe mini baki. Na ɗauka bai sani ba, har ina tausayinsa, tsoho ya yi rayuwarsa duka yana ɗaga abin da ba shi ba. Na ce a raina ranar wanka ba a ɓoyon cibi, in manya suka zo da hoto ya gani da idonsa, zai saki.

Daga nan na shiga wahalar da ta ci mini shekaru. Na yi ta kai da kawowa tsakanin Madawa da Tawa da Yamai har direbobin tasha suka sa mini suna mai sungumi. Na koyi zaman benci a ƙofar buro, wato ofisoshin gwamnati. Wani ya karɓi dosiyena, wato takardun ƙorafina, ya ce in dawo bayan salla, na dawo na tarar an ɗauke shi daga kujerar, wanda ya gaje shi bai taɓa jin zancen ba. Wani ya dube ni daga hula har takalmi ya ce ƙasa na fama da yunwa da ƴan bindiga, ni kuma na zo masa da maganar ƙarfen noma. Da gaskiyarsa, amma na lura sanyin ɗakinsa bai san ana yunwa ba.

Amsar da ta zo daga Faransi kuwa ladabi ne zalla, irin ladabin da ke sa mutum ya ji kamar ya fasa wani abu. Suka ce abin da ya shiga gidan ajiyar nan ya zama dukiyar ƙasarsu. Ba ya fita sai an tabbatar cewa da ƙarfi aka ɗauke shi, kuma masu shi na asali sun tsaya gaban shaidu sun ce nasu ne. Ranar da suka ɗauka ba su nemi shaidar kowa ba, bindiga ce ta sa hannu. Yau da za a mayar, mu ne masu kawo hujja, kamar mu ake tuhuma. Duk da haka na bi, don Gwaggo tana tsufa a kan idona, kuma duk zuwan da na yi gida tambayarta ɗaya ce, ko an ji motsinsa.

A ƙarshe dai aka ce za a turo mutane. Wata Baturiya ce daga gidan ajiyar, sai wani jami'i daga Yamai, Bahaushen gabas, mai babbar riga da ƙamshin turare. Ba zan ci zalin matar ba, ta yi aiki. Ita ta tono labarin hafsan da hanyar da ya bi, ta yi jayayya da manyanta har suka yarda ta zo. Na same su a Buza kafin su ƙaraso, na roƙi jami'in su shigo gidanmu kamar baƙi, su yi sallama a zaure su gana da tsoho su kaɗai. Ya yi dariya ya ce ni da na yi boko ya kamata in fi kowa sanin ƙa'ida. Shaidar ɗaki ba shaida ba ce, sai a ƙofar hakimi, gaban jama'a. Kafin in koma har an aika, mai shela ya zagaye gari.

Bazara ce, ana zafi mai tsanani. Aka kafa rumfa a ƙofar hakimi, aka kwaso kujerun lakwal, maza a tabarmi, mata a bayan zana suna leƙe. Baƙin suka fito da hoton da suka buga, girmansa ya kai ƙyauren ɗaki, suka jingina shi a jikin mota. Hayaniya ta tashi, sai kuma ta mutu gaba ɗaya. Na ga tsohon maƙerin garinmu ya sunkuyar da kai yana wasa da ƙasa. Baba ya dubi hoton sau ɗaya, ya aika a ɗauko masa sungumi daga gida, abin da ba a taɓa fitarwa da bazara ba. Ya dasa shi a gabansa ya riƙe ƙotar da hannu biyu. Ni kuma, tun da ni ne mai faransanci a gidan, aka tsayar da ni tafinta.

Matar ta yi gaisuwa, ta yi bayani mai tsawo, ta nemi gafara a kan abin da ya faru a da. Sannan ta yi tambayar da ta kawo ta: shin maigidan ya gane wannan abin, na gidansu ne, kuma soja ne suka ɗauke shi da ƙarfi? Na mayar da ita Hausa a hankali, ina duban idon Baba, ina roƙonsa da fuskata. Bai dube ni ba.

“Hwaɗa mata mun gode da tahiya,” ya ce, da muryar da ta kai har bayan zana. “Abin ga da kyawo, wanda yaƙ ƙera shi ya iya ƙira. Amma namu bai taɓa kwana waje ba. Ga shi.”

Ya ɗaga sungumin ya girgiza, zobban suka yi ƙara. Maroƙi bai jira ba, ya kwarara kirari, “Gagara Nasara!” a gaban Baturiyar, mata suka ɗauki guɗa. Da aka yi shiru duk ido ya dawo kaina, ana jira in fassara. Na yi tunanin in lanƙwasa maganar, in ce tsoho ya ce yana bukatar lokaci. Amma jami'in yana zaune da kunnensa na Bahaushe, yana kallona yana murmushi. Na juya na faɗa mata abin da ubana ya ce, kalma bayan kalma, ban rage ko wasali ba.

Fuskarta ta yi ja. Ta sake tambaya, Baba ya sake ba da amsa ɗaya. Ta ce ko akwai wani a cikin taron da ya san wani abu dabam? Hakimi ya dubi liman, liman ya dubi carbinsa. Gwaggo tana bayan zana, na hango gefen kallabinta, amma mace ba ta magana a ƙofar hakimi in mazan gidanta sun riga sun yi. Matar ta duƙa ta rubuta abin da za ta rubuta. Bayan nan Baba ya sa aka yanka musu rago, suka ci, aka cika musu bayan mota da albasa da ƙwan zabi. Wato sun riƙe sungumin, mun kuma ƙara musu da tsaraba.

Bayan la'asar na same shi a zaure shi kaɗai. Tun da aka haife ni ban taɓa ɗaga masa murya ba sai ranar. Na ce ya zubar mini da wahalar shekaru a cikin numfashi ɗaya, ya kunyata ni gaban baƙi, ya hana yayarsa abin da ta roƙa. Na ce wanda yake riƙe da shi ɗin nan na jabu ne, in bai sani ba ya sani yau. Ya bar ni har na gaji.

“Zamna, mushe,” ya ce. “Kana tsammani ban sani ba? Ranad da ubana yab ba ni shi, ranan yah hwaɗa min.”

Na zauna, ya ci gaba.

“Da anka sabko daga dutsi, ruwa ya zuba. Mutane na tsaye da ɗan irin da mata sunka tsere da shi a bakin zane, ba mai shibka, don ba sungumi. Sun ce ƙasa ta ƙi mu. Wasu sun ɗaure kaya za su yi kudu. Kakana yac ce musu ya bizne shi, su ba shi lokaci shi tono. Shina tono nan, maƙeri na hura wuta cikin kwazazzabo. In da bai yi ƙaryag ga ba, da babu garin ga, da babu kai da bokonka.”

Na ce to ai an wuce wannan zamanin, yanzu wa zai gudu don ƙarfe?

“Maƙeri ya sani, hakimi ya sani, liman ma ina zato. Wa kaj ji ya hwaɗi? Ciki ba don tuwo ɗai anka yi shi ba. Sun ɗauke ƙarhe, mun haƙura. Yanzu sun komo sun ce sai in tuɓe ma kakana riga gaban jikokin waɗanda yac ceta, kannan su ba ni abina. Da sun yi min sallama cikin zauren ga, da na hwaɗa musu dut. Kai ka san yadda aka maida kayan sata garin ga.”

Na sani. A garinmu in mutum ya saci akuya, daga baya tsoron Allah ya kama shi, liman yake kai wa. Liman ya ja ta ya ɗaure a gidan mai ita, ya ce an tsinta. Ba a tambayar ɓarawo sunansa, ba a ce wa mai akuya ya kawo shaida, kowa ya tashi da mutuncinsa. Waɗannan kuwa sun zo mayar da kayan sata da mota biyu da mai shela, suka zaunar da wanda aka yi wa satar a gaban gari suna yi masa tambayoyi.

Ban yarda da Baba ba a ranar, har yau ma rabin zuciyata ba ta yarda ba. Na ga girman kai a cikin abin da ya yi, na ga kuma wani abu da ya fi girman kai, ban san yadda zan raba su ba. Abin da na sani shi ne na fita daga zauren ina jin haushin kowa: hafsan da ya mutu da daɗewa, jami'in da turarensa, matar da ladabinta, ubana da rawaninsa, da garin da ya yi guɗa alhali rabinsa ya san gaskiya.

Gwaggo ba ta ce mini kome ba a kan abin da ya faru, ko da wasa. Abu ɗaya ta nema, babban hoton nan da baƙin suka bari a gidan hakimi don ya yi musu nauyin ɗauka. Na karɓo mata, ta jingina shi a bayan gadonta. Da damina ta kusa na zo gida, na leƙa ɗakinta da hantsi in gaishe ta. Na tarar ta kwantar da hoton a cinya, ga ƙoƙon man shanu a gefe, tana bin zanen zangarniyar da yatsa tana magana ƙasa-ƙasa. Takardar ta sha mai ta yi duhu, wajen bakin ƙarfen har ya fara narkewa. Ta ɗago ta gan ni, ba ta ji kunya ba.

“Ba shi sha,” ta ce. “Bisa ɗai shika tsayawa.”

Na koma da baya na fita, na je bayan rumbu na yi kukan da ban yi ba tun rasuwar mahaifiyata. Gwaggo ta rasu bayan kakar wannan shekarar.

Baba ya ƙara ƴan shekaru, shi ma ya bi ta. Da ciwo ya kwantar da shi ya sa aka kira ni, ya ɗora hannuna a kan ƙotar. Bai gaya mini abin da ubansa ya gaya masa ba, ya ce an hutar da shi. Na tattara na bar Madawa na dawo gida, na zama babban gidan noma. Labarin rasuwar ya kai ga Baturiyar, ta kira ni ta yi mini ta'aziyya. Ta ce dosiyen bai mutu ba. In sabon maigidan zai tsaya gaban hakimi da jama'a ya faɗi abin da tsohon ya ƙi faɗa, za ta iya sake tayar da maganar. Na ce mata ta saurare ni bayan ruwan farko, don ranar ce gari ke taruwa ba sai an yi shela ba.

Ruwan ya makara a shekarar, bayan kakar da ba ta yi kyau ba. Da ya sauka na fita gona da sungumi a kafaɗa da maganata a shirye, na yi ta bitar ta kamar darasi. Na tarar da mutane a tsaye. Samarin duk sun tafi biɗa ƙasashen waje, sai tsofaffi da mata da goyo, kowa da ƙwaryar irinsa, wasu irin ma aro suka yi. Akwai gidajen da na san sun ce in bana ma ta ƙi, za su rufe ƙofa su bi ƴaƴansu. Liman ya shafa fatiha. Maroƙi, wanda shi ma ya tsufa har muryarsa na rawa, ya ce wuta ta ci gari ta bar ka. Na dubi fuskokin nan, babu mai kallona, sungumin suke kallo. Na buɗe baki, abin da ya fito bisimilla ce. Na ɗaga shi, zobban kakarmu suka yi ƙara, na sari ƙasa.

Ban kira matar ba, ita ma da ta gwada ta ji shiru ta bari. Yanzu ɗiyata ta fari ce ke shafa man. Ban gaya mata kome ba, amma hoton Gwaggo yana ɗakinta, kuma rannan na ji tana ce wa sungumin ƙane.

Wan nasa, na asali, yana can inda yake, a bushe cikin gilashi, da kalmar kyauta a ƙarƙashinsa. Tsohon ɗalibina ya ce an ƙara layi ɗaya a rubutun: wai an je garin an bincika, mutanen wurin sun ce ba nasu ba ne. Ba su yi ƙarya ba. Haka muka ce, kuma da bakina aka faɗa musu, da faransancin da na sha bulala kafin in iya.